Takeshi Seyama, Mai Tace Hoton Finafinan Ghibli: Tambayoyi da Amsoshi

Wane ne Takeshi Seyama, kuma me ya sa ya cancanci a yi magana a kansa?

Takeshi Seyama mai tace hoton fim ne ɗan ƙasar Japan, an haife shi a 1944, kuma kusan dukkan rayuwar aikinsa a finafinan zane ya yi ta, wato irin waɗanda aka fi sani da anime. Wanda ya taɓa kallon My Neighbor Totoro ko Princess Mononoke ko Spirited Away, ya kuma yi haƙurin zama har sunayen ma'aikata suka gama wucewa, ya ga sunansa ko da bai lura ba. Shi ne ya tace duk dogayen finafinan da Hayao Miyazaki ya ba da umarninsu a kamfanin Studio Ghibli, tun daga Castle in the Sky na 1986 har zuwa The Boy and the Heron na 2023, ya kuma tace mafi yawan na Isao Takahata. A wajen Ghibli ya yi aiki da Katsuhiro Otomo a Akira da Steamboy, ya yi da Satoshi Kon a Tokyo Godfathers da Paprika. Yana da ɗakin tacewa nasa na kansa da ke ɗauke da sunansa, inda wasu masu tacewa suka koyi sana'ar a ƙarƙashinsa.

Abin da ya sa tarihinsa ya cancanci nazari shi ne waɗannan daraktoci huɗu ba su yi kama da juna ba ko kaɗan, amma dukkansu sun miƙa wa mutum ɗaya amanar numfashin finafinansu.

Daga ina ya faro kafin zuwan Ghibli?

Daga talbijin. A 1974 kamfanin Zuiyo Eizo ya fitar da Heidi, Girl of the Alps, shiri mai kashi 52 da aka nuna a tashar Fuji, wanda Takahata ya ba da umarni, Miyazaki kuma ya tsara shimfiɗar hotunansa, bayan sun je ƙasar Suwizalan da ƙafarsu sun ga duwatsun da labarin ya faru a kansu. Seyama ne ya tace shi. Daga nan ya ci gaba da su a kamfanin Nippon Animation, wanda ya gaji Zuiyo a 1975: ya tace 3000 Leagues in Search of Mother na 1976, labarin yaro Marco da ya bar Genoa ta Italiya ya tafi Ajantina neman mahaifiyarsa, da Future Boy Conan na 1978 mai kashi 26, shirin da Miyazaki ya fara jagoranta daga farko har ƙarshe, sannan Anne of Green Gables na 1979.

Wannan makaranta ce mai tsanani. Shirin mako-mako ba ya jiran kowa, kuma tashar talbijin tana da adadin mintuna da daƙiƙun da ta ware wa kowane kashi, ba a ƙari ba a ragi, saboda tallace-tallace suna da nasu gurbin. Duk mako dole mai tacewa ya shigar da labari cikin wannan ma'auni ba tare da mai kallo ya ji an matse shi ba. Haka kuma shirye-shiryen Takahata na lokacin sun ginu ne a kan al'amuran yau da kullum, kamar tatsar akuya da gasa cuku da jiran wasiƙa, inda babu faɗa ko tsere da zai ɓoye kuskuren lokaci. Lokacin da aka kafa Studio Ghibli a 1985, Seyama ya riga ya shafe fiye da shekara goma yana aiki da mutanen biyu, ya san yadda kowannensu yake son hoto ya tsaya da yadda yake son ya wuce.

Mene ne ma aikin mai tace hoto a fim ɗin zane, tunda babu 'yan wasa a gaban kyamara?

Tambayar tana da tushe. A fim ɗin da mutane ke fitowa, ko a Kano aka yi shi ko a Mumbai, darakta kan ɗauki fitowa ɗaya sau da yawa, daga kusurwoyi daban-daban, sannan ya kai wa mai tace hoto tarin ɗauka wanda ya ninka tsawon fim ɗin sau da dama. Aikin mai tacewa a can zaɓi ne da zubarwa: wannan ɗaukar ta fi waccan, nan a nuna fuskar mai magana, can a nuna ta mai sauraro.

A fim ɗin zane babu wannan yalwar. Kowace daƙiƙa ta fim tana da hoto 24 da ke wucewa a jere, kuma duk abin da ke motsi a cikinsu da hannu wani ya zana shi. Ko da aka bar zane ɗaya ya tsaya tsawon hoto biyu ko uku, kamar yadda aka saba a Japan don rage aiki, har yanzu ana bukatar zane 12 ko 8 a kowace daƙiƙa. Princess Mononoke ya ci zane kusan 144,000, Ponyo kuma wajen 170,000. Babu furodusan da zai yarda a zana fitowa sau uku don mai tacewa ya zaɓi ɗaya, saboda haka babban kaso na tacewar tun a takarda ake yin sa, kafin a zana komai.

Takardar ita ce abin da Japanawa ke kira e-konte, zanen tsarin fim. Kowane shafi an raba shi layi-layi: lambar ɗauka, ƙaramin zanen abin da za a gani, bayanin motsi, maganar da za a faɗa, sai tsawon lokaci a gefe. Ana rubuta tsawon ne da daƙiƙa da adadin hoto, ta yadda idan aka rubuta 4+12 ana nufin daƙiƙa huɗu da rabi. Kashi ɗaya na shirin talbijin kan ƙunshi ɗauka wajen 300, dogon fim ɗin Miyazaki kuwa ya haura dubu. Waɗannan ne ake zanawa, a haɗa, a kawo wa mai tacewa.

To idan darakta ya riga ya ƙayyade komai a takarda, me ya rage wa Seyama?

Abin da ya rage ƙarami ne a ido, amma a kansa fim yake tsayawa ko ya faɗi. Darakta yana ƙiyasta lokaci ne da agogon awo a hannu yana kwaikwayon motsin a zuciyarsa, kuma ƙiyasi ba ya zama daidai da abin da ido zai gani idan zanen ya fara motsi a majigi. Ɗaukar da aka rubuta mata daƙiƙa uku tana iya fitowa da nauyi, ta zama mai kallo ya gama fahimtarta tun a daƙiƙa biyu da rabi yana jira. Wata kuma tana iya yankewa kafin ido ya isa inda ake so ya isa. Mai tacewa yana zama da darakta suna kallon ɗaukar a jere, suna cire hoto shida a farkon wannan, suna ƙara huɗu a ƙarshen waccan, wani lokaci su sauya jerin ɗauka biyu, wani lokaci su cire guda ɗungurungum duk da wahalar da aka sha a zanenta. Hoto shida rubu'in daƙiƙa ne kawai, sai dai a wurin barkwanci shi ne tazarar da ke tsakanin dariya da shiru, a wurin faɗa kuma shi ke sa duka ya yi nauyi ko ya zama wasa.

Akwai kuma haɗin motsi. Idan yarinya ta fara juya kai a wata ɗauka, ɗauka ta gaba kuma ta nuna ta daga wata kusurwa, sau da yawa masu zane biyu ne suka yi su a tebura daban, wataƙila a watanni daban. Mai tacewa ne ke nemo ainihin hoton da za a yanka a kai don juyawar ta zama ɗaya a idon mai kallo. Aikin ya yi kama da na telan da aka kawo wa yadi an riga an yanka shi daidai jiki, babu rarar da zai yi wasa da ita, duk gwanintarsa a bakin ɗinki take.

Miyazaki ya ƙara wa aikin wani nauyi nasa. An san shi da fara zanen fim alhali bai kammala e-konte ba, ma'aikata suna aikin kashin farko shi kuma bai yanke yadda labarin zai ƙare ba. Ke nan mai tacewa yana daidaita lokacin fitowar farko ba tare da cikakken tsawon fim ɗin yana gabansa ba, kuma idan ƙarshen ya zo dole ya koma ya duba ko abin da ya yi a baya yana ɗaukar nauyin abin da ya biyo. A talbijin ma lamarin ya fi haka tsanani, domin zane kan makara, sai a yi tacewar da zanen fensir marar launi, ko ma da hotunan e-konte kansu, don masu ɗora murya su sami abin da za su bi.

Me ya sa ake yawan ambaton shekarar 1988 a tarihinsa?

Saboda finafinai uku da sunansa ke kansu sun fito a cikin wata uku, kuma kowannensu ya zama ginshiƙi. Ranar 16 ga Afrilu, 1988, aka saki My Neighbor Totoro na Miyazaki da Grave of the Fireflies na Takahata tare, a tikiti ɗaya. Na farko labarin 'yan mata biyu ne da suka koma ƙauye da mahaifinsu yayin da mahaifiyarsu ke kwance a asibiti. Na biyu, wanda aka ɗauko daga labarin Akiyuki Nosaka, yana bin Seita da ƙanwarsa Setsuko bayan ruwan bama-baman da aka yi wa birnin Kobe a 1945, har yunwa ta ci su. An yi su ne a lokaci guda cikin matsin da ya kai ga an fara nuna fim ɗin Takahata da wasu 'yan wurare ba a kammala launinsu ba. Ranar 16 ga Yuli kuma sai ga Akira na Otomo, mai tsawon fiye da awa biyu da zane sama da 160,000, wanda farkonsa ya ƙunshi tseren babura cikin dare a wani birnin Tokyo na nan gaba.

Duk wanda ya kalli ukun a jere zai ga gudu uku da ba su haɗa hanya ba. Totoro yana tafiya da saurin yaro mai wasa a tsakar gida, ya ruga ya tsaya. Grave of the Fireflies yana barin hoto ya daɗe fiye da yadda zuciya ke so, kuma da gangan ne. Akira kuwa yana jefa ɗauka a kan ɗauka tare da kiɗan ƙungiyar Geinoh Yamashirogumi. A ganina wannan shekara ita ce amsa mafi ƙarfi ga masu cewa mai tace fim ɗin zane maɗinkin abin da aka ba shi ne kawai, domin mutumin da ba shi da kunnen lokaci ba zai iya hidimar waɗannan ukun a tsakanin bazara da damina ɗaya ba.

Akwai fitowar da za a iya dubawa a ga yadda lokaci ke aiki a finafinan da ya tace?

Fitowar tashar bas a Totoro ta isa misali. Mahaifin ya fita aiki bai ɗauki laima ba, ruwa ya sauko, Satsuki da ƙanwarta Mei suka tafi tasha su tarye shi. Bas ya zo, mutane suka sauka, ba ya ciki. Daga nan fim ɗin ba ya gaggawa. Duhu yana shigowa, fitilar tasha ta kama, Mei ta fara gyangyaɗi, Satsuki ta goya ta ta riƙe laima da ƙyar. Ana jin ruwa kawai. Sai sautin taku, sai Satsuki ta leƙa ta ƙasan laimarta ta hangi ƙafa mai farata a gefenta, ta ɗaga ido a hankali ta ga Totoro, wata ƙatuwar halittar daji mai gashi, tsaye da ganye ɗaya a ka. Ba wanda ya ce komai na ɗan lokaci. Ta miƙa masa laimar mahaifinta. Ɗigon ruwa daga bishiya ya faɗo a kan laimar, idanunsa suka buɗe, wani ɗigon ya sake faɗowa, ya yi murmushi, sannan ya yi tsalle ya dira da ƙarfi, duk ruwan da ke bishiyar ya zubo a lokaci ɗaya.

Dariyar wannan tsallen bashi ce da jiran da ya gabata ya biya. Da an rage tazarar da ke tsakanin ɗigo na farko da na biyu, mai kallo ba zai sami lokacin gane cewa Totoro yana gano wani abu sabo ba. Da an tsawaita jiran bas fiye da haka, yaran da aka yi fim ɗin dominsu sun fara motsi a kujera. Tsawon kowace ɗauka a nan ya faro ne daga alƙalamin Miyazaki, ya kuma sami siffarsa ta ƙarshe a teburin tacewa, kuma ba a iya raba hannun ɗaya da na ɗayan a abin da ya fito.

Miyazaki ya taɓa yi wa mai sharhin finafinai na Amurka Roger Ebert bayanin wannan a wata hira a 2002, inda ya tafa hannu sau da dama ya nuna cewa shirun da ke tsakanin tafi da tafi shi yake nufi, kuma fim ɗin da ba ya barin irin wannan sarari hayaniya ce kawai. Tafiyar jirgin ƙasa a Spirited Away, inda jarumar fim ɗin, yarinya Chihiro, ke zaune shiru jirgi yana ratsa ruwa, fasinjoji masu kama da inuwa suna sauka tasha bayan tasha, tana cikin fitattun misalan irin wannan sarari a finafinansa, kuma ta zo ne daidai inda wani darakta zai sa babban faɗa.

Shin aiki da Takahata ya bambanta da aiki da Miyazaki?

Ya bambanta, kuma babban bambancin a murya yake. Al'adar Japan ita ce a gama hoto, ko a kusa gamawa, sannan 'yan wasa su shiga ɗakin ɗauka su ɗora murya suna kallon allo, kuma haka Miyazaki ya fi yi. A wannan tsari mai tacewa ne ke yanka wa mai magana gurbin da zai yi magana a ciki tun kafin a ji muryarsa. Takahata ya fi son akasin haka, a fara ɗaukar murya sannan a zana fuska ta bi ta. A Only Yesterday na 1991 an ɗauki muryoyin manya tukuna, masu zane suka bi motsin kumatu da leɓe har ana ganin layin murmushi a fuskar jarumar, abin da ba a saba gani a anime ba. Otomo ma haka ya yi a Akira. Idan murya ta riga hoto, numfashin ɗan wasa da shirunsa sun zama ma'aunin da ba a taɓawa, sai mai tacewa ya nemi sararinsa a gefensu.

Takahata bai kasance mai zane ba, kuma an san shi da jinkiri da naci a kan ƙananan abubuwa. Seyama ya tace masa Pom Poko a 1994 da My Neighbors the Yamadas a 1999, na biyun kuwa tarin gajerun labaran iyali ne da aka ɗauko daga zanen barkwanci na jarida, inda kowane guntu yake rayuwa ko ya mutu a kan lokacin da aka yanke shi.

Yaya ya yi da Satoshi Kon, wanda aka san finafinansa da yanka mai rikitarwa?

Kon, wanda ya rasu a 2010 yana da shekara 46, ya gina salonsa a kan yanka. Yana ɗaukar motsi ko siffa a wani wuri ya ƙarasa shi a wani wuri dabam, ta yadda mai kallo ba ya sanin lokacin da ya fita daga farke ya shiga mafarki. Seyama ya tace masa finafinansa biyu na ƙarshe a kamfanin Madhouse: Tokyo Godfathers na 2003, labarin marasa matsuguni uku da suka tsinci jaririya a cikin shara a daren jajibirin Kirsimeti, da Paprika na 2006, wanda ya shiga gasar bikin finafinai na Venice.

Farkon Paprika ya nuna abin da ake nufi. Ɗan sanda Konakawa yana cikin mafarki a filin wasan dabo, ya faɗo, faɗuwar ta zama lilo a igiya cikin daji, lilon ya zama kokawa a cikin jirgin ƙasa, daga nan zuwa wani dogon lungu da ƙasansa ke narkewa a ƙarƙashin ƙafarsa. Kon ne ya tsara kowane haɗi a e-konte ɗinsa mai cike da bayani, amma irin wannan haɗin ba ya yafe kuskuren hoto biyu: idan aka makara, ido ya ga ɗinkin, idan aka yi sauri, mai kallo ya ɓace. Abin lura shi ne a tsakanin waɗannan finafinai biyu na Kon, a 2004, sunan Seyama yana kan Howl's Moving Castle da Steamboy.

Zuwan kwamfuta ya sauya aikinsa?

Ya sauya kayan aiki gaba ɗaya. Lokacin da ya fara, ana zana hoto a kan farantan roba masu haske, a shafa launi a bayansu, a ɗora su a kan zanen bango, kyamara ta ɗauke su ɗaya bayan ɗaya a zaren fim. Mai tacewa yana aiki da kwafin gwaji, yana yanka da hannu yana liƙawa, idan an amince sai a bi lambobin gefen zare a yanka nagatif na asali daidai da shi, kuma wannan yankan ba a mayar da shi. A zare mai faɗin milimita 35 hoto 16 ne ke cikin ƙafa ɗaya, minti ɗaya na fim kuwa ƙafa 90 ne, don haka masu tacewa na wancan zamani da tsawon zare a hannu suke jin lokaci.

Princess Mononoke na 1997 shi ne fim na ƙarshe da Ghibli ta yi da farantan roba, kuma tuni an sa kwamfuta a wani ɓangarensa. My Neighbors the Yamadas ne na farko da aka yi launinsa da haɗinsa duka a kwamfuta. Tun daga nan gwaji ya zama mai arha, ana iya cire hoto huɗu a duba a mayar cikin daƙiƙa. Abin da bai sauya ba shi ne tsadar zane, saboda haka har yau babu rarar ɗauka a teburin mai tace anime.

Ana cewa Ghibli ba ta yarda a yanke finafinanta a ƙasashen waje. Mene ne asalin wannan?

Asalinsa Nausicaä of the Valley of the Wind ne, fim ɗin Miyazaki na 1984, wanda ba Seyama ne ya tace shi ba. Kamfanin New World Pictures ya fitar da shi a Amurka a 1985 da sunan Warriors of the Wind, bayan an cire fiye da minti 20, an sauya sunan jarumar, an kuma zubar da yawancin abin da ya bayyana dalilin dajin guba da ke tsakiyar labarin. Wuraren shiru ne suka fara tafiya. Daga nan Ghibli ta kafa sharaɗin cewa duk wanda zai rarraba fim ɗinta a waje ba zai taɓa ko hoto ɗaya ba, kuma sharaɗin yana cikin yarjejeniyar da kamfanin Tokuma, mai mallakar Ghibli a lokacin, ya ƙulla da Disney a 1996.

Da aka zo fitar da Princess Mononoke a Amurka ta hannun kamfanin Miramax, shugabansa na lokacin Harvey Weinstein ya nemi a gajarta fim ɗin mai tsawon fiye da awa biyu. Furodusan Ghibli Toshio Suzuki ya ba shi kyautar takobin Japan haɗe da saƙon cewa babu yanka. Fim ɗin ya fito a can a 1999 da tsawonsa. Ma'anar wannan ga mai nazarin tacewa ita ce abin da ake kallo a ko'ina cikin duniya shi ne ainihin abin da ya bar teburin Seyama, ko da an sauya harshen muryoyin.

Shin shi ya tace dukkan finafinan Ghibli?

A'a. Ya tace Whisper of the Heart na Yoshifumi Kondo a 1995, da finafinan Goro Miyazaki, ɗan Hayao Miyazaki, biyu na farko, Tales from Earthsea da From Up on Poppy Hill, amma The Cat Returns na 2002 da The Tale of the Princess Kaguya na 2013, fim ɗin Takahata na ƙarshe, wasu ne suka tace su. A The Boy and the Heron sunansa ya fito tare da na Rie Matsubara da Akane Shiraishi, a lokacin yana dab da cika shekara 80.

Wace karramawa finafinan da ya tace suka samu?

Princess Mononoke ya zama fim ɗin zane na farko da ya lashe kyautar gwarzon fim na shekara ta Kwalejin Finafinan Japan, a 1998, Spirited Away kuma ya maimaita hakan a 2002. A wannan shekarar Spirited Away ya sami babbar kyautar bikin finafinai na Berlin, a 2003 ya lashe Oscar na dogon fim ɗin zane, ya kuma riƙe matsayin fim mafi kawo kuɗi a tarihin sinimomin Japan, da sama da yen biliyan 30, har zuwa ƙarshen 2020. The Boy and the Heron ya ƙara wani Oscar ɗin a 2024. Waɗannan kyaututtuka dukkansu da sunan darakta da furodusa ake kiransu, kuma masu ba da kyautar tacewa a manyan bukukuwa finafinan mutane suka saba dubawa, wanda a ganina gajeren tunani ne game da inda wahalar sana'ar take.

A Japan daraktoci ba su kan tace finafinansu da kansu ba?

Da yawa suna yi, kuma al'ada ce mai tsawo. Akira Kurosawa ya shahara da tace finafinansa da hannunsa, yana yin aikin da yamma a lokacin da ake kan ɗauka maimakon ya jira a gama. Hirokazu Kore-eda shi ya tace Shoplifters, wanda ya lashe babbar kyautar bikin finafinai na Cannes a 2018, Makoto Shinkai ma shi ya tace Your Name na 2016, Takeshi Kitano kuma yana zama a teburin tare da Yoshinori Ota. A ɗaya gefen akwai Yasujiro Ozu, wanda ya daɗe yana aiki da mai tacewa ɗaya, Yoshiyasu Hamamura, har da Tokyo Story na 1953. Dangantakar Miyazaki da Seyama ta irin wannan ta biyun ce, kuma daga Heidi zuwa The Boy and the Heron shekara 49 ne.

Mai son koyon tace hoto, ta ina zai fara da finafinan Seyama?

Ya fara da Totoro, domin gajere ne, bai kai awa ɗaya da rabi ba, kuma yankansa a fili yake. Ya zaɓi fitowa ɗaya, ya kashe sauti, ya ƙirga ɗaukar da ke ciki, ya rubuta tsawon kowacce, sannan ya tambayi kansa me ido ya gama gani a daidai lokacin da aka yanka. Kowace manhajar tacewa tana ba da damar tafiya hoto-hoto, kuma a nan ne zai ga inda motsi ya tsaya a ɗauka ɗaya da inda ya ci gaba a ta gaba, da adadin hoton da aka tsallake a tsakani. Bayan haka ya yi wa minti biyar na farkon Paprika irin wannan aikin ya kwatanta alƙaluman biyu. Kamfanin Tokuma Shoten ya buga e-konte na finafinan Ghibli a matsayin littattafai, kuma ko wanda bai iya Japananci ba zai iya karanta lambobin lokaci da ke gefen kowane zane, ya gwada su da tsawon da ɗaukar ta fito da shi a fim ɗin da aka gama.